Makaɗin babbar tawaga da makaɗin situdiyo: amsa ta hanyar rayuwar Mel Lewis

Tambaya: Malam, in ina karanta tarihin kiɗan jaz na Amurka nakan ga an ce wane makaɗin ganga ne na babbar tawaga, kuma na situdiyo. Ashe ba duk kiɗa ba ne? Ina bambancin yake, kuma akwai wanda ya riƙe biyun da kyau da zan nema in saurara?

Amsa: Ƙanena, kayan kiɗan ɗaya ne, amma sana'a biyu ce, kuma ba kowane gwani ke iya haɗa su ba. Cikin waɗanda suka haɗa, wanda nake fara tura ɗalibai wurinsa shi ne Mel Lewis. Ba don ya fi kowa saurin hannu ba, akwai waɗanda suka fi shi nesa ba kusa ba. Dalilina shi ne in ka bi rayuwarsa za ka ga yadda sana'o'in biyu suka ciyar da juna: situdiyo ta riƙe masa gida, babbar tawaga ta riƙe masa zuciya, kuma kunnen da yake aiki da shi a can, da shi yake aiki a nan.

Bari mu fara da ita babbar tawagar, wadda Amurkawa ke kira big band. Mutum 16 ne zuwa 18 a kan dandali ɗaya: masu busa tirampet huɗu ko biyar, masu tirombon huɗu, masu saksofon biyar, sai mai fiyano, da mai bas, wannan ƙaton abin tsirkiya da ake tsayawa a kaɗa, wani lokaci da mai jita, sannan mai ganga. Masu busa duk karantawa suke yi, mai tsara kiɗa ya rubuta wa kowa abin da zai hura. Shi ma mai ganga an ba shi takarda, sai dai tasa ba ta faɗa masa komai da komai. An raba ta gida-gida, kowane gida bugu huɗu, kuma sau da yawa abin da ke ciki bai wuce "riƙe tafiya gida 16" ba, sai wata 'yar alama a sama mai nuna cewa a nan masu tirampet za su shigo.

Wannan 'yar alamar ita ce aikin. Ka ɗauka masu tirampet sun yi gida 16 ba su busa komai ba, suna zaune suna ƙirgawa a zuci, mai saksofon ɗaya ne a tsaye yana nasa. Shigowar da aka rubuta musu kuwa ba a kan bugun take ba, a tsakanin bugu na huɗu da na ɗaya take, kuma da ƙarfi, mutum biyar baki ɗaya. Ɗaya ya riga sauran da ƙiftawar ido, kowa a ɗakin zai ji. To bugu biyu ko uku kafin wurin, mai ganga zai saki wata gajeriyar jimla a ƙaramar gangarsa, wadda ma'anarta ita ce "ku ja numfashi, ga wurin nan". In ya cika ta da ado, ya ɓatar da su, ba su san inda ɗaya take ba, wato bugun farko na gida. In ya yi ta a tsorace, su ma a tsorace za su shigo. Kuma girman jimlar shi ke gaya musu ƙarfin da za su shigo da shi. A waƙa ɗaya zai yi haka sau goma ko fiye, ga shi kuma yana riƙe da tafiyar da hannun dama a kan farantin tagulla, yana takun ƙafar hagu a bugu na biyu da na huɗu, yana hana masu busa jan ƙafa idan kiɗa ya yi nauyi, yana hana matashin da aka bar wa fili gudu idan jininsa ya hau. Shugaban tawaga na gaba yana kaɗa hannu, amma wanda ke tuƙa mutanen nan a zahiri yana baya a zaune.

An haifi Mel Lewis ranar 10 ga Mayu, 1929, a birnin Buffalo da ke jihar New York. Sunansa na asali Melvin Sokoloff, iyayensa Yahudawa ne 'yan asalin Rasha, mahaifinsa kuma makaɗin ganga ne, don haka a gida ya tarar da sandunan. Tun bai cika shekara 18 ba ake biyansa kuɗin kiɗa. Sai dai ya makara. Lokacin da manyan tawagogi ke cin kasuwarsu shi ne daga wajen 1935 zuwa ƙarshen Yaƙin Duniya na Biyu. Daga 1942 zuwa 1944 ƙungiyar makaɗan Amurka ta hana 'ya'yanta ɗaukar faifai saboda rikicin kuɗi da kamfanoni, mawaƙa kuwa hanin bai shafe su ba, suka samu fili. A 1944 gwamnati ta ɗora haraji mai nauyi a kan gidajen da ake rawa. Kuɗin mota da masauki da albashin mutum 17 ya yi ta hawa. A ƙarshen 1946 tawagogi da dama suka watse cikin 'yan makonni, har da na Benny Goodman, da Woody Herman, da Harry James, da Tommy Dorsey. Wasu sun sake haɗuwa daga baya, amma abin bai koma yadda yake ba. Mel ya shigo wannan harka sosai a 1948, ya yi aiki da Boyd Raeburn, da Alvino Rey, da Ray Anthony, da Tex Beneke. Yawancin wannan kiɗan rawa ne: a kwana a bas, a yi wasa a gari ɗaya, gobe a wani. Ba a cika yabon waɗannan shekarun nasa ba, amma ni ina ganin a nan ya koyi abin da masu rawa ke koya wa makaɗi dole, wato tafiyar da ba ta tangaɗi.

A 1954 Stan Kenton ya ɗauke shi. Tawagar Kenton ta yi suna da ƙara da nauyi, har masu suka na cewa tana da komai ban da rangaji. A shekarun da Mel ya zauna a bayanta, ga kuma Bill Holman yana rubuta mata kiɗa, sai ta yi sauƙi a ƙafa, kuma mutane da yawa, har da ni, suna ganin ba ta taɓa rangaji kamar na lokacin ba. Da ita ya je Ingila a 1956. A 1957 ya sauka daga bas ya zauna a Los Angeles, kuma a nan sana'a ta biyu ta fara.

Aikin situdiyo a wancan zamani tsari gare shi mai tsauri. Akwai mutumin da ke haɗa makaɗa, shi zai kira ka ya ce wuri kaza, ƙarfe kaza. A ƙa'idar ƙungiyar makaɗa zama ɗaya awa uku ne, kuma a al'ada ana son a fita da waƙa huɗu. Aka wuce lokaci, kamfani zai biya kowa ƙari, saboda haka idon mai kuɗi na kan agogo. Ba a aiko maka da takarda gida ka yi nazari. Ka shigo, ka kafa kayanka, ka ɗaga takardar da ba ka taɓa gani ba, a bi ta sau ɗaya ko biyu, jar fitila ta kama. Kowa a ɗaki ɗaya yake, mawaƙiya da masu goge da masu busa, kuma makirufon na kowa yana ɗibar sautin gangarka. In ka yi kuskure a minti na uku, ba naka kaɗai za a gyara ba, mutum 30 ne za su koma farko. Ba wanda zai yi maka faɗa. Mako mai zuwa dai wayarka ba za ta yi ƙara ba. Da safe tallan rediyo, da rana mawaƙi, da yamma wataƙila kiɗan fim, inda za a sa maka abin ji a kunne mai ƙas-ƙas don kiɗan ya zo daidai da hoto. Sau da yawa ko sunanka ba ya fitowa a bangon faifan.

Ka ga bambancin. A babbar tawaga kiɗa ɗaya kake yi da mutane ɗaya dare bayan dare, har ka san numfashin jagoran masu tirampet. A situdiyo kullum baƙo ne kai, kuma abin da ake saya a wurinka shi ne ka fahimci abin da mai tsara kiɗa ke nufi tun a karon farko, ka ba shi, ka tattara ka tafi. Akwai gwanayen dandali da ba su iya karatun takarda da wannan saurin ba, akwai kuma gwanayen situdiyo da in ka ɗora su a bayan masu busa 14 a gaban jama'a, kiɗan zai fito tsaf amma ba rai.

Kada in yi maka ƙari a kan Mel. A Los Angeles ɗin nan, waɗanda suka kwashe aikin waƙoƙin matasa masu tashe su ne irin su Earl Palmer da Hal Blaine, kuma in yawan faya-fayen da suka ci kasuwa kake ƙirgawa, bai kama ƙafarsu ba. Nasa fagen shi ne jaz da manyan mawaƙa. Marty Paich, ɗaya daga cikin masu tsara kiɗan da suka fi aiki a garin, ya yi ta kiransa: yana bayan Mel Tormé, yana bayan Ella Fitzgerald a 1958, yana kan faifan Art Pepper na 1959 mai makaɗa goma sha ɗaya a bayansa. Da dare kuma sai ya koma inda ransa yake, ya yi wa babbar tawagar Terry Gibbs kiɗa, ya yi wa ta Gerald Wilson. Daga 1960 Gerry Mulligan ya jawo shi tawagarsa, ya yi ta zirga-zirga tsakanin gaɓar yamma da ta gabas. A 1962 yana cikin tawagar da Benny Goodman ya kai Tarayyar Sobiyat. A 1963 ya tattara ya koma New York.

Abin da ya sa ake tunawa da shi a can ya faru. Thad Jones, ƙanin Hank Jones mai fiyano kuma yayan Elvin Jones mai ganga, ya bar tawagar Count Basie a 1963 bayan shekara tara yana busa mata. Sun san juna da Mel tun shekarun da ɗaya ke wurin Basie ɗaya ke wurin Kenton. Thad ya rubuta wa Basie wasu kiɗe-kiɗe, Basie ya ga ba su dace da salon tawagarsa ba, suka zauna a hannun mai su. A ƙarshen 1965 su biyun suka kira abokai, aka riƙa haɗuwa da tsakar dare ana gwadawa, bayan kowa ya tashi daga aikin da ke biyansa. Ranar Litinin, 7 ga Fabrairu, 1966, suka yi wasan farko a Village Vanguard, gidan kiɗan Max Gordon.

Ka lura da waɗanda aka kira: Snooky Young a tirampet, Bob Brookmeyer a tirombon, Jerome Richardson da Pepper Adams a saksofon, Hank Jones a fiyano, daga baya Roland Hanna, Richard Davis a bas. Da yawansu ma'aikatan situdiyo ne da na gidajen talabijin. Vanguard ɗaki ne a ƙarƙashin ƙasa, ana sauka ta wani siririn tsani, kujerunsa ba su wuce 120 da 'yan kai ba. Ko an cika shi maƙil, kuɗin ƙofa ba zai biya mutum 18 irin waɗannan abin da suka saba karɓa ba. Litinin kuma dare ne da kasuwar gidajen kiɗa ke kwanciya, shi ya sa aka samu wurin. Wato abin da ya sa tawagar ta yiwu shi ne mutanen sun riga sun ci sun ƙoshi a situdiyo da rana, suna iya zuwa su yi kiɗan da suke so a kan ɗan abin da bai taka kara ya karya ba. Kuma karatun takardar da situdiyo ta wasa musu shi ya sa suka iya ɗaukar rubutun Thad, wanda wuya gare shi ba kaɗan ba. Duk wanda ya ce maka aikin situdiyo kashe makaɗi yake yi, ka tambaye shi wa ya biya kuɗin hayar mutanen nan.

Yanzu ga sautinsa, wanda shi ne ainihin abin da za ka saurara. A ɗaki kamar Vanguard, da masu tirombon a gefen kunnenka, makaɗi mai duka ba zai yi mako biyu ba. Mel yana kaɗa wa mutum 18 kamar yana kaɗa wa mutum huɗu. Babbar gangar ƙafa yana taɓa ta a hankali a kowane bugu, yadda ba ka jin ta ita kaɗai, sai dai ka ji bas ɗin ya yi kauri. Jimlolin da yake shigo da masu busa da su gajeru ne, wasu ma sai ka ce ba su kammala ba, hannu biyu suna mirginawa tsakanin ƙaramar ganga da faranti, amma ba a taɓa rasa inda ɗaya take. Sannan farantan tagulla. Ya fi son tsofaffin K. Zildjian da ake ƙerawa da hannu a Santambul ta Turkiyya, masu duhun sauti, waɗanda ba sa tsaga kunne, suna shimfiɗuwa ne a ƙarƙashin masu busa. Da masana'antar ta rufe a ƙarshen shekarun 1970, wasu tsofaffin maƙeranta suka kafa kamfanin Istanbul, ya koma amfani da nasu, har yau akwai farantan da ke ɗauke da sunansa. Yana da wani faranti mai lanƙwasasshen baki irin na Sin, da aka huda aka sa masa ƙusoshi suna rawa a jiki, yana ba da wani shuu mai tsawo. Kuma ba ya zama a faranti ɗaya: in mai busa ya zauna wani ya tashi, sai ya sauya, don kowane kayan busa da launin da ya dace da shi. Da yawa ba sa lura da wannan, sai dai su ji kamar an buɗe taga.

Ga kuma fata. Wajen 1957 aka fara rufe ganguna da roba, kusan kowa ya koma can, domin roba ba ruwanta da yanayi. Mel ya riƙe fatar maraƙi a gangunan da suka fi masa muhimmanci. Duk wanda ya zauna da makaɗan gargajiya a nan ya san wahalar: da damina fata ta saki sai an kai ta rana ko gefen wuta, da hunturu ta ɗaure har ana tsoron ta fashe. Haka yake fama a ɗakin da ya cika da mutane da gumi, yana ɗaurewa yana sassautawa tsakanin waƙa da waƙa, don dai wannan taushin da burushin kiɗa mai siraran wayoyin ƙarfe ke yi a kan fata, wanda roba ba ta bayarwa.

Za ka ji ana haɗa shi da Buddy Rich, wanda shi ma a 1966 ya kafa sabuwar babbar tawagarsa. Ban ga amfanin gardamar ba, don ba abu ɗaya suke nema ba. A wurin Rich an gina tawagar ne a kewaye da mai ganga, jama'a sun zo ganin hannunsa, kuma hannun ya cancanci a zo gani. A wurin Mel za ka iya sauraron waƙa sukutum ka tashi kana yabon masu tirombon. In ɗalibi ya ce mini yana son ya burge, nakan nuna masa Rich. In ya ce yana son a riƙa kiransa aiki, sai in nuna masa Mel. Ba wai shi Mel ɗin mai sanyin baki ba ne, a'a. An san shi da faɗin ra'ayinsa gatsau a hirarraki, kan makaɗa masu ƙara, da kan yadda situdiyo ta koma ɗaukar kowa shi kaɗai a haɗa daga baya. Wani abin da ya faɗa ina ganin ya yi tsauri, amma kunnensa ya ba shi ikon faɗa.

Tawagar ta fita duniya, ta je Turai da Japan, ta je Tarayyar Sobiyat a 1972, kuma faifan da ta ɗauka a Munich ta Jamus ya ci kyautar Grammy a 1979. Amma ƙasan da take tsaye a kai ya fara zaizayewa. A 1972 shahararren shirin dare na gidan talabijin na NBC ya tashi daga New York ya koma Kalifoniya, makaɗa irin su Snooky Young suka bi shi. Gidajen talabijin suka yi ta sallamar makaɗan da suke biya albashi. A farkon shekarun 1980 na'urorin kiɗan ganga suka shigo, mai talla ya ga ba sai ya kira mutum ba. Sannan a ƙarshen 1978 Thad ya bar tawagar ba zato, ya koma Danmak, inda ya rasu a 1986. Mutane da yawa sun ɗauka shi ke nan, tunda mai rubutun ya tafi.

Mel ya riƙe ta shi kaɗai, da sunansa a kai. Ya dawo da Brookmeyer ya zama mai kula da rubutu, ya cika kujerun da matasa, waɗanda ba su da albashin situdiyo irin na mutanen farko. Wannan ne lokacin da na fi girmama shi, domin shugabancin mutum 17 daga kujerar baya, ba mai tsayawa a gaba, ba ƙaramin abu ba ne. Ya koyar a jami'ar New School da ke New York, kuma a 1989 ya zauna da Loren Schoenberg, masanin tarihin jaz, a gidan rediyon WKCR na Jami'ar Columbia suka yi dogon shiri kashi-kashi kan tarihin gangar jaz, ana sa faifai yana bayanin abin da kowane makaɗi ke yi. In Turancinka ya kai, ka neme shi, makaranta ce guda. A lokacin yana fama da sankarar fata, yana jinya yana zuwa wasa. Ya rasu ranar 2 ga Fabrairu, 1990, yana da shekara 60, saura 'yan kwanaki tawagar ta cika shekara 24. Makaɗan suka ci gaba da sunan Vanguard Jazz Orchestra, kuma daren Litinin nasu ne a wannan ɗakin har yanzu.

Wajen saurare, ka fara da faifan Art Pepper na 1959 don ka ji shi a matsayin ma'aikacin situdiyo, yana bin rubutun wani. Daga nan ka nemi wanda tawagarsu da Thad ta ɗauka a Vanguard a 1967, da kuma sautin daren farko na 1966 da aka fitar a 2016. Ka zaɓi waƙa ɗaya ka ji ta sau uku. Karo na farko ka ji ta yadda kowa ke ji. Na biyu ka bi farantin hannun dama kaɗai, ka lura da inda yake sauyawa. Na uku ka jira shigowar masu tirampet, duk lokacin da suka shigo ka mayar da sautin baya daƙiƙa biyar ka ji abin da ya yi kafin su buɗe baki. Kuma ka sa abin ji a kunne mai kyau, don sifikar waya ba ta fitar da gangar ƙafarsa ko kaɗan, za ka ɗauka ma ba ya taka ta.